Ganuwar Kano: Abin da Igwa ta Bari, Alƙalami ya Cinye



Littafin Tarihin Kano ya nuna cewa Sarki Gijimasu (1095-1134) ne ya fara gina ganuwar birnin, ɗansa Tsaraki ya kammala ta. Muhammadu Rumfa (1463-1499) ya faɗaɗa ta, daga baya Muhammadu Nazaki (1618-1623) ya ƙara mata faɗi. Da aikin gayya aka gina ta, da shi kuma ake yi mata yaɓe bayan damina. Kowace ƙofa tana da Sarkin Ƙofa mai rufe ta da dare, ya buɗe da asuba. Watau a wancan zamani ganuwa tana da mai ita, an kuma san wanda za a tuhuma in ta tsage.

Ranar 3 ga Fabrairu, 1903, rundunar Turawan Ingila a ƙarƙashin Kanar Morland ta ci birnin ta wajen Ƙofar Kabuga, lokacin Sarki Alu yana Sakkwato. Igwa ta fasa ƙofa, amma ganuwa ta tsaya. Sai dai tun daga ranar amfaninta na tsaro ya ƙare, gayyar gyaranta kuma ta mutu.

A 1959 aka sanya ta cikin kayayyakin tarihi na ƙasa. A 1979 aka kafa Hukumar Gidajen Tarihi ta Ƙasa, aka damƙa mata kula da irin waɗannan wurare. A 2007 Nijeriya ta shigar da ita jerin wuraren da take neman UNESCO ta amince da su a matsayin gadon duniya. To, me ya sa duk wannan bai hana ta zubewa ba?

Amsar tana cikin Dokar Mallakar Ƙasa ta 1978, wadda ta sanya filayen birane a hannun Gwamnan Jiha. Ginin na Tarayya ne, ikon raba ƙasar da ke gindinsa kuwa na Jiha. Idan bango ya tsage, ƙadangare ya sami wurin shiga. Hukumar Tarayya ba ta ba da takardar fili, ba ta kuma soke ta. Mai kuɗi ya san ofishin da zai nufa. Ma'aikaci ya auna, wani ya sa hannu, kafin shekara ta zagayo kanti ya tsaya inda badala take. Talaka ya ga haka, shi ma ya ɗebi ƙasarta ya yi tubali. A 2010 aka rushe tsohuwar Ƙofar Na'isa domin faɗaɗa titi, aka maye gurbinta da ta siminti.

Har ila yau, asarar ba ta tarihi kaɗai ba ce. Ramukan da aka haƙi ƙasar gini su ne suka zama kududdufai, su ne kuma matattarar ruwan sama. Duk kududdufin da aka cike aka yanka filaye, ruwansa gidajen maƙwabta zai nufa.

A 2023 gwamnatin Abba Kabir Yusuf ta rushe gine-gine da dama a Kano, tana zargin wadda ta gabace ta da raba filayen jama'a ba bisa ƙa'ida ba. Amma rusau ba ya mayar da ginin ƙarni tara, kuma matuƙar sa hannun mutum ɗaya ya isa a ba da fili, abin da wannan gwamnati ta hana wata za ta halatta. Ganuwar Zariya ma a ƙarƙashin waɗannan dokoki biyu take.

Saboda haka wajibi ne a auna abin da ya saura, a kafa masa iyaka a taswira, a buga a jaridar gwamnati, a kuma mayar wa Sarakunan Ƙofa da masu unguwanni haƙƙin sa ido. Ku ma'aikata, fayil ta teburinku yake bi. Ku ɗalibai kuwa, gobe ku ne a kan kujerun.