'Yan Dakon Abijan a Cikin Fim

A shekarar 1950 aka buɗe mashigin Vridi, manyan jiragen ruwa suka fara shiga Abijan. Aikin dako ya ja samarin Nijar da yawa zuwa ci-rani. Cikinsu har da Umaru Ganda, tsohon sojan Faransa. Jean Rouch ya ɗauki rayuwarsu a fim ɗin Moi, un noir na 1958. Ba sauti aka ɗauki hotunan. Daga baya ne Ganda ya zauna yana kallo, yana ba da labari da bakinsa: neman aikin yini, ɗaukar buhuna, kuɗin da ba ya isa. A zamanin mulkin mallaka da wuya a ji lebura yana faɗin halinsa haka. Ganda ya koma Yamai ya zama mai shirya fim, har ya ci babbar kyautar FESPACO a 1972.