Turaka da Alkunya a Auren Bahaushe na Da

Wanda ya leƙa gidan Bahaushe na da zai iya zaton babu ƙauna a ciki. Mace ba ta kama sunan mijinta, sai dai Malam ko Maigida. Ba sa cin tuwo a kwano ɗaya, ba sa jerawa a hanya. A ganina wannan tazarar dabara ce ta riƙe linzamin sha'awa da kishi, waɗanda magabata suka san ƙarfinsu sarai. Fasalin gidan ma shaida ne. Maigida da turakarsa, kowace mace da ɗakinta, kuma sai mai girki ke shiga turaka, galibi kwana bibbiyu. Ranar girkinta za ta gyara kitso, ta ƙunsa lalle, ta turara jiki da zane, ta shiga kamar amarya ko da ta aurar da 'ya'ya. In ta haihu, ga wankan jego na kwana 40, ga shayarwa ta kusan shekara 2 da ake son miji ya ɗaga mata ƙafa, har kwanika ta zama abin gori. Da haka ake hana sabo cinye marmari.

Za a ce alkunyar nan ta rufe kukan mata da yawa, kuma ba ƙarya ba ne. Baba ta Karo, wadda Mary Smith ta rubuta labarin rayuwarta aka buga a 1954, aure huɗu ta yi, na farkon kuwa na zumunci ne da ba ta so, ta fita. Amma abin da ya kashe wannan auren rashin zaɓi ne. Inda zuciya ta amince, kunya ba ta hana shaƙuwa ba: Nana Asma'u ta yi wa mijinta Waziri Giɗaɗo marsiyya bayan rasuwarsa, ta fito da zafin rabuwa a fili.

Daga shekarun 1980 littattafan soyayya na Kano da fina-finan Indiya suka koya wa matasa furta so da baki. Sai dai marubuta irin su Balaraba Ramat Yakubu auren dole da wulaƙancin maza suka yaƙa, ba turaka ba. Abin da ya rushe turaka shi ne tsadar muhalli a birni, inda ɗaki da falo na haya ya haɗa miji da mata da yara wuri guda dare da rana.