Sallamar Wanda Ake Tuhuma Saboda Ƙarancin Hujja a Kotunan Nijeriya: Nazari Kan Lokacin da Ake Auna Shaida

Tsakure

Maƙalar ta nazarci ikon da doka ta ba kotu na sallamar wanda ake tuhuma tun kafin ya kare kansa, idan shaidar masu gabatar da ƙara ta gaza. An dogara da nassin doka da hukunce-hukunce biyu. Binciken ya gano cewa ƙa'idar ba ta da aibi, jinkirin aiki da ita ne ke cutar da talaka.

1.0 Tushen ƙa'idar

Sashe na 36(5) na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ɗauki duk wanda ake tuhuma a matsayin marar laifi har sai an tabbatar da laifinsa. Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 kuwa ya ɗora nauyin tabbatarwar, ba tare da kokwanto mai ma'ana ba, a wuyan mai ƙara. Wannan ba baƙon abu ba ne ga alƙalan ƙasar Hausa, domin a fiƙihun Malikiyya ma mai da'awa ake nema ya kawo hujja.

Sashe na 302 da na 303 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015 su suka tsara hanyar. Idan masu gabatar da ƙara sun rufe shaidarsu, lauyan wanda ake tuhuma na iya roƙon kotu ta yanke cewa babu tuhumar da zai amsa, kotu ma na iya yin haka da kanta. Tana duba ko an tabbatar da rukunan laifin, ko shaidar ta danganta mutumin da aikata shi, ko kuwa ta yi raunin da babu alƙali mai adalci da zai kama mutum da ita. Kotun Ƙoli ta karɓi wannan ma'auni tun 1963 a shari'ar Ibeziako da Kwamishinan 'Yan Sanda.

2.0 Misalai biyu

A Yunin 2017 Kotun Ɗa'ar Ma'aikata ta sallami Bukola Saraki, shugaban Majalisar Dattawa a lokacin, daga tuhuma 18 kan bayyana kadarori. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta dawo da uku, sannan Kotun Ƙoli ta soke su a Yulin 2018. Yana kan kujerarsa aka yi aka gama.

Na biyun ya fi ɗaukar hankali. An kama Sheikh Ibrahim Zakzaky da matarsa Zeenat a Disambar 2015 bayan rikicin Zariya. Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta ba da umarnin sakinsu a Disambar 2016, ba a bi ba. Sai a 2018 aka gurfanar da su a Babbar Kotun Jihar Kaduna. Gwamnati ta kira shaidu 15, amma ranar 28 ga Yuli 2021 Mai Shari'a Gideon Kurada ya yanke cewa ba su da tuhumar amsawa. Ko mene ne ra'ayin mai karatu game da malamin, shekara biyar da rabi a tsare kafin a auna shaida ba ƙaramin abu ba ne, kuma wannan mutum ne mai manyan lauyoyi da ɗimbin mabiya.

3.0 Tattaunawa

Jama'a kan zargi alƙali idan an kori ƙara, har a ce an saye shi. Sau da yawa laifin na bincike ne: dogaro da iƙirarin da aka rubuta a caji ofis ba lauya ba bidiyo, saɓanin sashe na 15(4) da na 17 na dokar 2015, ko ɗan sandan da ya yi binciken a yi masa canjin wurin aiki, shaidu kuma su gaji da zirga-zirga. Wanda aka zalunta ya rasa haƙƙinsa, wanda aka tsare ya rasa shekarunsa. Kusan kashi biyu bisa uku na mazauna gidajen gyaran hali a Nijeriya masu jiran shari'a ne, kuma yawancinsu ba su kai matakin da za a yi musu wannan roƙo ba.

Don haka awon farko ya kamata ya faru a ofishin Daraktan Gabatar da Ƙararraki, kafin a kai mutum gaban babbar kotu. Wajibi ne majistarori su riƙe wa'adin tsarewa na kwana 14 na sashe na 296 na dokar 2015, su ƙi sabunta tsarewa idan ba a kawo ƙwaƙƙwaran dalili ba, majalisun jihohi kuma su sanya wa ma'aikatun shari'a wa'adi tabbatacce na fitar da shawarar lauya kan kowane fayil.