Beatrix Potter: mai zanen da zomo ya saya wa gonaki

Helen Beatrix Potter (1866 zuwa 1943) marubuciya ce ƴar ƙasar Ingila kuma mai zana hotunan littattafan yara. An fi saninta da labarin wani ɗan zomo maras jin magana mai suna Peter Rabbit, wanda masu karatu da Faransanci suka sani da sunan Pierre Lapin. Ta rubuta ƙananan littattafai 23 na wannan jerin, ita ce kuma ta zana hotunansu da hannunta. Da kuɗin da suka kawo mata ne ta fita daga ƙarƙashin ikon iyayenta, ta koma noma da kiwo, ta kuma ceci filaye masu yawa daga hannun masu gine-gine.

Yarinta

An haife ta a ranar 28 ga watan Yuli na 1866 a unguwar Kensington ta birnin Landan. Iyayenta masu hali ne, dukiyarsu ta samo asali ne daga masaƙun auduga na yankin Manchester. Mahaifinta Rupert Potter lauya ne mai sha'awar ɗaukar hoto. Kamar sauran ƴaƴa mata na gidajen attajirai a wancan zamani, ba a sa ta makaranta ba, malamai mata ne ke koyar da ita a gida.

Ba ta da ƙawaye da yawa, don haka dabbobi suka zama abokan zamanta. Ita da ƙanenta Bertram sun tara zomaye, ɓeraye, kwaɗi, jemagu da bushiya a ɗakin karatunsu, suna kallonsu suna zana su. Lokacin hutu iyalin kan tafi Sikotilan, daga 1882 kuma suka fara zuwa Lake District, wato yankin tafkuna da duwatsu na arewa maso yammacin Ingila. Tun tana budurwa har ta kai shekara 30 tana rubuta abubuwan da ke faruwa da ita cikin wani rubutun sirri da ta ƙirƙiro, wanda ba a gano yadda ake karanta shi ba sai a 1958.

Ƙofar kimiyya ta rufe

Kafin littattafan yara, hankalinta na kan naman kaza ne. Ta zana ɗaruruwan hotunansa da fentin ruwa, tana duba ƙwayoyinsa da madubin masu bincike. A 1897 ta rubuta takarda kan yadda waɗannan ƙwayoyi ke tsiro, aka gabatar da ita a gaban ƙungiyar masana halittu ta Linnean Society. Ba ta samu halartar zaman ba saboda ita mace ce, wani masani namiji ne ya gabatar a madadinta. Takardar ba ta ga ɗab'i ba. Shekara 100 bayan haka, a 1997, ƙungiyar ta amsa cewa ba a kyauta mata ba.

Wannan aiki bai tafi a banza ba. Idon da ta horar wajen kallon halitta shi ne ya bambanta zanenta da na sauran. Zomonta yana sa riga, amma ƙafafunsa, kunnuwansa da yadda yake laɓewa idan ya tsorata duk na zomon gaske ne.

Daga wasiƙa zuwa littafi

A watan Satumba na 1893 ta aika wa ɗan tsohuwar malamarta wasiƙa, yaro ɗan shekara 5 da ke fama da rashin lafiya. A ciki ta ba shi labarin zomaye huɗu, ta ƙawata shi da zane. Ɗaya daga cikinsu, Peter, ya ƙi jin gargaɗin uwarsa, ya kutsa lambun wani tsoho da ya taɓa kama ubansa aka cinye. Da ƙyar ya tsira, ya bar rigarsa da takalmansa a can.

Bayan wasu shekaru ta aro wasiƙar ta mayar da ita littafi. Kamfanonin ɗab'i da dama suka ƙi karɓa. A watan Disamba na 1901 ta buga kofe 250 da kuɗinta, hotunan ciki baƙi da fari, suka ƙare nan da nan. Daga nan kamfanin Frederick Warne ya amince ya buga, da sharaɗin ta sake zana hotunan da launi. Littafin ya fito a watan Oktoba na 1902 da kofe dubu 8, kafin ƙarshen shekarar an buga dubu 28.

Ta nace kan abu biyu: littafin ya zama ƙarami daidai hannun yaro, farashinsa kuma ya zama mai sauƙi. Sule ɗaya aka riƙa sayar da shi. Labarin kurege Nutkin da na telan garin Gloucester suka biyo baya a 1903, na bushiya mai wanki a 1905, na agwagwa Jemima a 1908. Fassarar Faransanci ta Pierre Lapin ta fito a 1921.

Ta kuma iya kasuwanci. A 1903 ta ɗinka ƴar tsana mai siffar Peter, ta yi mata rajista da sunanta, abin da ya sa ake lissafa ta cikin waɗanda suka fara cin riba daga kayan wasa masu ɗauke da hoton jaruman littafi. Sai dai kamfaninta ya yi sakacin rajistar haƙƙin mallakar littafin a Amurka, masu satar fasaha suka yi ta bugawa can ba ta samun ko kwabo.

Rashi da sabuwar rayuwa

A 1905 editanta Norman Warne ya nemi aurenta, ta amince. Iyayenta suka ƙi, a ganinsu ɗan kasuwa bai kai matsayin gidansu ba, alhali tana da shekara 39. Wata ɗaya bayan baikon, Norman ya rasu sakamakon ciwon jini, yana da shekara 37.

A wannan shekarar ce ta sayi gonar Hill Top a ƙauyen Near Sawrey na yankin tafkuna, da kuɗin littattafanta da wani ɗan gado. Gidan gonar, lambunta da titunan ƙauyen sun shiga cikin hotunan littattafan da ta yi daga baya. A 1913, tana da shekara 47, ta auri William Heelis, lauyan da ke taimaka mata wajen sayen filaye. Ba su haihu ba.

Makiyayiya

Bayan aurenta, zane ya ja baya, musamman da idanunta suka fara rauni. Ta duƙufa kan kiwon tumakin Herdwick, wani iri na yankin mai jure sanyi da ruwan saman kan duwatsu. A 1923 ta sayi babbar gonar Troutbeck Park, tumakinta suka riƙa cin kyaututtuka a wuraren baje kolin dabbobi. A 1943 ƙungiyar masu kiwon wannan iri ta zaɓe ta shugaba, mace ta farko da aka ba wannan muƙami, amma ajali ya riske ta kafin ta kama aiki.

Damuwarta ita ce kada a yanka gonakin yankin a sayar wa masu gina gidajen shaƙatawa, manoma da makiyaya su rasa wurin zama. Shi ya sa ta riƙa sayen gonaki tana barin masu haya su ci gaba da aikinsu.

Abin da ta bari

Ta rasu a ranar 22 ga watan Disamba na 1943, tana da shekara 77, bayan fama da ciwon huhu da na zuciya. Ta yi wasiyyar a miƙa kusan duk filayenta, kimanin hekta 1,600 da gonaki fiye da goma, ga National Trust, ƙungiyar da ke kula da wuraren tarihi da filayen karkara a Ingila. Filayen suna cikin gandun ƙasa na Lake District da aka kafa a 1951, wanda hukumar UNESCO ta sa cikin jerin kayan gadon duniya a 2017. Gidan Hill Top a buɗe yake ga maziyarta, kayan ɗakinta na nan yadda ta bar su, tumakin Herdwick kuma suna kiwo a gonakin da ta saya.