Lambar da Ke Tambayar Niyya: Rigakafi, Zargi da Rubutun Asibiti a Tarihin Kano

A kundin lambobin cututtuka da asibitocin Amurka ke aiki da shi tun ranar 1 ga Oktoba, 2015, akwai wata lamba, T50.B93A. Ma'anarta ita ce: an kawo mutum asibiti ya sami lahani daga rigakafin wata cuta ta ƙwayar bairos, kuma wani ne ya yi masa hakan da gangan domin ya cuce shi. Duk wanda ya tashi a Koki ko wata unguwa ta cikin badala, idan ya ji wannan bayani, zai tuna shekarun da ake rufe wa masu ɗigon shan inna ƙofar soro. Wani ma zai ce, "Ashe su da kansu sun san ana yi." Kafin a yanke wannan hukunci, ya kamata a san inda lambar ta fito da kuma aikin da aka yi ta dominsa.

Asalin kundin ƙidayar mace-mace ne. A 1893 wani masanin ƙididdiga ɗan Faransa, Jacques Bertillon, ya gabatar da jerin musabbaban mutuwa domin ƙasashe su riƙa rubuta su da suna iri ɗaya. Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamarsa a 1948, aka faɗaɗa shi ya haɗa da cututtuka da raunukan da ba su kai ga ajali ba. Bugu na goma, ICD-10, ya fara aiki a 1994, na goma sha ɗaya kuma a 2022. Amurka ta ɗauki bugu na goma ta ƙara masa rassa, saboda can da waɗannan lambobi ake biyan kuɗin inshorar lafiya.

A tsarin Amurkan, kusan kowane magani an tanadar masa gurabe shida, alama ta shida a lambar ce ke bambanta su. Idan 1 ce, kuskure aka yi. Idan 2 ce, mutum ne ya nufi cutar da kansa. 3 na nufin wani ya yi masa da mugun nufi, 4 kuma ba a gano niyyar ba. 5 ita ce illar da ta biyo bayan maganin da aka bayar daidai bisa ƙa'ida, 6 kuma an sha ƙasa da abin da aka rubuta. Farasitamol yana da waɗannan gurabe, maganin tari yana da su, rigakafi ma haka. Kundin Hukumar Lafiya ta Duniya shi ma ya raba: X85 ga cutarwa da magani da gangan, Y58 da Y59 ga illar rigakafi. Saboda haka samuwar lambar tamkar aljihun tebur ne da aka liƙa wa suna. Suna a jikin aljihu bai nuna an ajiye wani abu a ciki ba. Amfaninta shi ne ta tilasta wa likita ya tambaya: me aka bayar, ta yaya, kuma da wace niyya? Tarihin ƙasar Hausa na shekaru talatin da suka wuce ya nuna tsadar barin wannan tambaya ba amsa.

A 1995, ana tsakiyar annobar sanƙarau a Jamhuriyar Nijar, aka aika da gudummawar allurar rigakafi daga Najeriya. Ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF suka lura maganin ba ya narkewa yadda suka saba gani, bincike kuma ya nuna jabu ne, babu sinadarin kariya a cikinsa. Kafin a farga an yi wa mutum fiye da 50,000, kuma an ƙiyasta cewa kimanin 2,500 sun rasu. Laifi ne na masu haɗa jabu domin neman kuɗi, waɗanda suka bar jama'a suna zaton suna da kariya alhali ƙofa a buɗe take. An gano shi ne saboda akwai masu lura da kwalba da lambar rukunin da ke jikinta.

Shekara guda bayan haka sanƙarau ya auka wa arewacin Najeriya, ya kashe kimanin mutum 12,000. A Asibitin Zana da ke Kano kamfanin Pfizer ya gwada sabon maganinsa, Trovan, a kan yara kimanin 200: rabi aka ba su shi, rabi aka ba su seftiriyazon. Yara 11 suka rasu, biyar a rukunin farko, shida a na biyu, wasu kuma suka tashi da kurumta ko shanyewar jiki. Iyaye sun ce ba a sanar da su gwaji ake yi ba. Kamfanin ya ce ya sami yardarsu da baki, kuma cutar ce ta yi ɓarnar. Kwamitin da gwamnatin tarayya ta kafa ƙarƙashin Dakta Abdulsalami Nasidi ya sami kamfanin da saɓa ƙa'ida. Gwamnatin Kano ta shigar da ƙara a 2007, aka sasanta a 2009 kan dala miliyan 75 ba tare da kamfanin ya amsa laifi ba. Da aka zo biyan diyya, sai da aka koma ga gwajin ƙwayar halitta kafin a tantance su wane ne yaran, kuma kuɗin farko bai isa hannun iyalai ba sai 2011.

Trovan maganin kashe ƙwayar cuta ne da ake ba wanda ya riga ya kamu. Bai da alaƙa da rigakafi. Amma a bakin talaka duka "allurar Turawa" ce, kuma wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. A 2003, lokacin da Dakta Ibrahim Datti Ahmad, shugaban Majalisar Ƙoli ta Shari'ar Musulunci, ya yi zargin cewa an gurɓata ɗigon shan inna da sinadarin hana haihuwa, maganar ta tarar da zukata a shirye. Zargin, a harshen kundin nan, na gurbi na uku ne: cutarwa da gangan. Gwamna Malam Ibrahim Shekarau ya dakatar da aikin. Kwamitin jihar ya ce ya ga burbushin sinadarin istirojin a wasu samfura, yayin da gwaje-gwajen da gwamnatin tarayya ta sa aka yi a gida da waje suka ce maganin lafiya lau yake. Ba a koma ɗigon ba sai a Yulin 2004, da maganin da aka shigo da shi daga Indonesiya.

A tsakanin nan cutar ta bazu daga arewacin Najeriya zuwa ƙasashe kusan ashirin da suka riga suka rabu da ita. Ba a taɓa nuna wani rukuni na yaran da ɗigon ya hana haihuwa ba. Waɗanda aka ɗiga wa a wancan lokaci yau da yawansu suna goye da nasu 'ya'yan. Waɗanda ba a ɗiga wa ba kuwa, wasunsu muna ganinsu a kan kekunan guragu a hanyar Kurmi. A Fabrairun 2013 aka harbe mata tara masu aikin rigakafi a cibiyoyin lafiya biyu a Kano. Wannan ita ce cutarwar gangan da aka tabbatar a labarin, kuma masu riƙe da kwalbar ta auka wa. Sai a ranar 25 ga Agusta, 2020, aka ayyana Afirka ta rabu da ƙwayar shan inna ta asali.

Adalci shi ne a faɗi cewa rigakafi yana da illarsa, wadda gurbi na biyar ke ɗauka. Zazzaɓi na kwana ɗaya ko biyu da kumburin wurin allura abu ne sananne. Ɗigon shan inna yana ɗauke da ƙwaya mai rai da aka raunana, kuma a unguwar da yara da yawa ba su karɓa ba, tana iya yawo tsakaninsu har ta sake yin ƙarfi ta shanye ƙafa. Hakan ya faru a arewa tun daga 2005, maganinsa kuma shi ne yawan masu karɓa. Akwai kuma kuskuren ma'aikaci, kamar barin magani a zafi ko amfani da kwalbar ƙyanda da aka haɗa fiye da awa shida. Akwai kuma ciwon da ya zo daidai da ranar allura, kamar zazzaɓin cizon sauro a damina. Kowanne da sunansa da maganinsa, kuma rubutu ne kaɗai ke raba su.

Nan ne aikin iyaye yake. A adana katin rigakafin yaro kamar yadda ake adana takardar gida, a tabbatar an rubuta ranar da sunan maganin, a roƙi ma'aikaciya ta sa lambar rukunin kwalbar. Idan yaro ya yi jijjiga, ko numfashinsa ya sarƙe, ko fuskarsa ta kumbura, a garzaya da shi asibiti nan take tare da katin. Bayan an duba shi, a nemi ma'aikacin lafiya ko mu masu harhaɗa magunguna mu cike takardar rahoton illa da ke zuwa hukumar NAFDAC. Idan rahotanni suka taru a kan rukuni ɗaya, ana iya janye shi daga ko'ina cikin ƙasa. Wanda kuma yake zargin an yi wa ɗansa da gangan, ya faɗa wa likita a fili domin a rubuta, a ajiye kwalbar, a bincika, domin zargin da ya tsaya a bakin majalisa ba ya kama mai laifi, ba ya kuma wanke marar laifi.