3.2 Rabilu Musa (Ɗan Ibro) da Salon Mai da Kai Abin Dariya

Masu ban dariya a ƙasar Hausa sun kasu gida biyu. Akwai waɗanda suke yi wa wani zambo da habaici, kamar 'yan gambara, akwai kuma waɗanda suke ɗora abin kunyar a kansu. 'Yan kama su ne suka fi shahara da salo na biyu. Ɗan kama kan ari muryar malami mai wa'azi ko ta wani sanannen mawaƙi, amma duk zancensa bai wuce tuwo da fura da nama ba, wato yana nuna kansa a matsayin makwaɗaici wanda ciki ya fi ƙarfinsa. Gidley ya yi nazarin wannan sana'a tun a shekarar 1967. Haka ma Gizo na tatsuniya, wanda sau da yawa dabararsa kan koma kansa. Daga wannan tushe ne ya kamata a dubi wasan Ɗan Ibro.

An haifi Rabilu Musa a Ɗanlasan, cikin ƙaramar hukumar Warawa, a shekarar 1971. Ya yi karatu a Kwalejin Horon Malamai ta Wudil, sa'an nan ya yi aikin gandiroba na wasu shekaru kafin ya koma sana'ar fim gaba ɗaya.

Irin finafinansa su ake kira camama, wato finafinan barkwanci masu arha waɗanda ake ɗauka cikin 'yan kwanaki. Duk rigar da Ibro ya sa, ko ta ɗan sanda ce, ko ta boka, ko ta ango, ko ta baƙauye da ya shigo birni, tsarin wasan kusan ɗaya ne. Yakan fara da cika baki da alfahari, ya ƙulla wata dabara ta neman kuɗi ko aure, daga nan asiri ya tonu, a biyo shi da gudu, ko ya sha duka, ko matarsa ta tsinka shi gaban jama'a. Ba kasafai yake cin nasara ba, kuma ba nasarar mai kallo yake jira ba.

'Yan boko da dama sun raina camama, wasu ma suna ganin cin mutuncin mutanen karkara ne. Wannan ra'ayi yana da rauni, domin mutanen karkarar suna cikin manyan masu kallonsa. A garuruwa irin su Gwarzo da Kabo a yammacin Kano, inda samari kan tafi birni cin rani bayan an gama aikin damina, baƙauyen da aka yi wa wayo a tasha ba baƙo ba ne. Mai kallo ya san shi, wataƙila ma shi ne. Har ila yau, idan Ibro ya sha kunya cikin kakin ɗan sanda ko da allon malamin tsibbu a hannu, ba shi kaɗai kunyar ta kama ba, har da masu wannan matsayi waɗanda talaka ba ya iya faɗa wa magana ido da ido.

Wannan ne ya sa wasan bai zo masa da sauƙi ba. Fim ɗin Ibro Usama na shekarar 2002, inda ya fito a matsayin Usama bin Ladan, ya jawo masa suka daga wasu malamai. Bayan da Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano ta tsananta dokokinta a 2007 ƙarƙashin Abubakar Rabo Abdulkarim, kotun tafi-da-gidanka ta yanke masa hukuncin ɗaurin wata biyu a watan Oktoba na 2008 dangane da fim ɗin Ibro Aloko. Ta haka tsohon gandiroba ya koma gidan yari a matsayin ɗan fursuna. Da ya fito ya ci gaba da wasansa bai sauya salo ba.

Ɗan Ibro ya rasu a Kano ranar 10 ga Disamba, 2014, bayan fama da ciwon ƙoda. Abokan wasansa irin su Bosho da Daushe sun ci gaba da fitowa a finafinan barkwanci bayan rasuwarsa.