New Haven: Garin Fatake da Malamai a Bakin Teku

A watan Afrilu na 1638 wani ayarin Turawan Ingila, kimanin mutum 500, ya sauka a bakin wani lungun teku da ke kudancin jihar da ake kira Connecticut a yau, a Amurka. 'Yan Furitan ne, wato Kiristocin da ke ganin Cocin Ingila ta cika da bidi'a, dole a tsarkake ta. Mutum biyu ke jan ragama: John Davenport, limamin wata coci a Landan wanda matsin manyan cocin ya sa ya gudu Holan a 1633, da abokinsa tun ƙuruciya, Theophilus Eaton, hamshaƙin bafatake mai ciniki da ƙasashen Tekun Baltik. Sun fara sauka Boston a 1637, aka yi ta roƙonsu su zauna, suka ƙi. Garin kansu suke so, inda babu mai faɗa a ji sai Littafi, kuma inda jiragen kasuwa za su sami matsaya.

Ƙasar tana da masu ita. Mutanen Quinnipiac ne, waɗanda annoba da hare-haren maƙwabta suka rage su ƙwarai. A Nuwamba 1638 shugabansu Momauguin ya miƙa ƙasar a kan riguna 12, cokula 12, gatura 12, fartanyu 12, da wuƙaƙe da almakasai, tare da alkawarin kariya. Aka ware musu eka 1,200 a gabashin tashar ruwa. Baƙin sun kira wannan ciniki, amma mai neman tsira da ransa ba ya taya kaya.

Kafin a gina gidaje sai da aka zana garin. Aka shata babban fili mai kusurwa huɗu, aka raba shi gida tara, uku-uku. Takwas na unguwanni ne, na tsakiya kuwa, mai eka 16, aka bar wa jama'a: nan ne kasuwa, nan ɗakin ibada, nan filin atisayen mayaƙa, nan turken bulala, nan kuma maƙabarta. A 1640 aka raɗa wa garin suna New Haven. Attajiran ba su yi ginin talakawa ba. Ana cewa gidan Eaton kaɗai yana da murhun ɗumama ɗaki 19.

Ranar 4 ga Yuni 1639 magidanta suka taru a rumbun wani mai suna Robert Newman, suka amince cewa Littafi Mai Tsarki ya wadatar wajen tafiyar da mulki kamar yadda ya wadatar wajen ibada. Daga nan komai ya biyo. Ba mai zaɓe, ba mai riƙe sarauta, sai cikakken ɗan coci, shiga cocin kuwa sai an tona zuciyar mutum a gaban jama'a an gamsu ya tuba da gaske. Magidanta da yawa suka zauna suna biyan haraji, suna gadin dare, ba su da bakin magana. Aka kuma soke al'adar Ingila ta tara mutum 12 su yanke hukunci, don ba a same ta a shari'ar Annabi Musa ba. Eaton ne alƙali, shi ne gwamna, ana sake zaɓensa duk shekara har ya rasu a 1658.

Ganga ce agogon gari. Ita ke kiran taro, ita ke kiran ibada. Tun faɗuwar rana ta Asabar ake ajiye aiki. Lahadi a yi huɗuba biyu masu tsawo, safe da yamma, a ɗakin katako da ba a hura wuta ko da ƙanƙara na zuba. Maza gefe, mata gefe, kowa da mazauninsa gwargwadon darajarsa, masu gadi kuma na bakin ƙofa da bindigogi. Wanda ya makara wajen atisaye, ko ya zo da bindiga mai tsatsa, tara ce. Abinci masara ce da aka koya daga 'yan ƙasa, da alkama, da wake, da abin da teku ta bayar. Da yake tsabar kuɗi ta yi ƙaranci, sai ana ciniki da wasu duwatsun ado da 'yan ƙasa ke sassaƙawa daga ɓawon dodon koɗin teku, kamar yadda kakanninmu suka yi da wuri. Abin da ya fi burge ni shi ne karatu. Tun shekarun farko akwai makaranta a hannun Malam Ezekiel Cheever, doka kuma ta ɗora wa iyaye da iyayen gida alhakin koya wa yara da barori karatu.

Tsananin bai san sani ba. Anne, matar Gwamna Eaton kansa, ta ce ba ta yarda da yi wa jarirai baftisma ba, tana tashi ta fita idan an zo yi. Coci ta gurfanar da ita, ta kore ta, mijinta yana ji yana gani. Akwai adalci a dokar da ba ta kauce wa gidan gwamna, amma akwai rashin tausayi a garin da ba ya iya ɗaukar saɓanin fahimta na mace ɗaya.

Kasuwa ce ta fara cin amanarsu. Ƙasar ba ta da abin sayarwa mai yawa, Boston da garin 'yan Holan na New Amsterdam sun riga sun kame hanyoyi. Sun gwada kafa zango a Kogin Delaware a 1641, 'yan Holan da 'yan Suwidin suka fatattake su. Daga baya suka haɗa abin da ya rage, alkama da ƙiraga da fatun dabbobin ruwa, suka loda wa wani babban jirgi da zai tafi Ingila kai tsaye, George Lamberton na jagora. Cikin Janairu ya tashi, sai da aka sassare ƙanƙara aka buɗe masa hanya. Ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Fatake suka koma manoma.

Taurin kan nan kuwa shi ne ya ba garin ranarsa ta girma. A 1661 Edward Whalley da William Goffe, biyu daga cikin waɗanda suka sa hannu a hukuncin kashe Sarki Charles na Ɗaya, suka iso a guje, 'yan saƙon sabon sarki na bin sawunsu. Davenport ya ɓoye su a gidansa, daga nan aka kai su wani kogo a kan dutsen West Rock, ana kai musu abinci. Mutanen gari sun san abin da zai biyo baya, ga shi ba su da takardar izinin sarki ta mallakar ƙasa, amma ba wanda ya ba da baƙin.

A 1662 Sarki Charles na Biyu ya ba Connecticut takardar da ta haɗiye New Haven. Sun yi ta ja har farkon 1665, sannan suka miƙa wuya. Waɗanda suka kasa haɗiye abin suka yi ƙaura a 1666, suka kafa Newark. Davenport ya koma Boston da ɓacin rai, ya rasu a 1670 bai ga babbar makarantar da ya yi ta fafutukar kafawa ba. Sai a 1716 aka yanke shawarar kawo wata kwaleji garin, a 1718 aka sa mata sunan attajirin da ya tallafa mata, Elihu Yale, jikan Anne ɗin nan da coci ta kora.